Hoton da Aka Tsinta a Akwatin Inna Maryama

Shirun ɗakin ne ya fara gaya mini an yi wani abu. Na hawo bene riƙe da kwanon tuwo da na sayo a bakin layi, na tarar da ɗakinmu mai mata tara, wanda ko kiran salla ba ya kashe hirarsa, ya yi tsit. Hajiya Tabawa tana durƙushe gaban wani koren akwatin kwano a buɗe, irin nata sak, amma ba nata ba. Akwai takarda mai ƙyalli a hannunta. Na yi sallama, mutum ɗaya ce ta amsa, ita ma a ciki.

Tun da na dawo kuke zuwa, ku da muka yi makaranta tare, kuna cewa, “Hajiya Zulai, ba mu labari mana, yaya Makka?” Nakan ce Makka lafiya lau, in miƙa muku dabino da zamzam, in jawo wata hirar. Rakiya har cewa ta yi haƙorin Makka ne ya hana ni magana, alhali ban sa ba. To ga shi na rubuta, tunda baki ya ƙi. Har yanzu in aka buga ƙofa da ƙarfi sai in miƙe tsaye ban sani ba.

Sai na fara da Inna Maryama, don wasunku daga nesa kawai kuka taɓa hango ta. Matar Baffa Likita ce, ƙanin mahaifina, wanda ya je karatu Jamus ya dawo da ita. Maryama sunan da ta ɗauka ne ranar da ta musulunta. Na da ɗin ba wanda ya iya faɗar sa daidai a gidanmu. Yara kuwa Inna Jamus suke ce mata in ba ta kusa.

’Yar wasan kwaikwayo ce a ƙasarsu. Ta ce tana budurwa ta fara, bayan yaƙi, a wani zaure da rabin rufinsa ya zube, ’yan kallo kan zo da gawayi a hannu don a hura wuta saboda sanyi. Ta daɗe a kan dandamali: ta yi baiwa, ta yi sarauniya, ta yi mahaukaciya. Da talabijin ya zo aka ɗauke ta. Daga nan ta shiga finafinan wani irin wasa nasu da ake kira ofera, wanda ba a magana a cikinsa, komai da waƙa ake faɗa, ko “miƙo mini ruwa” sai an rera. Sai dai muryarta ba ta kai ba, fuskarta ce ta kai. Don haka wata tsohuwa mai ƙiba ke yin waƙar a naɗe, ita kuma ta tsaya gaban na’ura tana motsa leɓe daidai da daidai, har jijiyar wuyanta tana tashi.

“Shekara shida ina buɗe baki muryar wata na fita,” ta taɓa ce mini muna tsince shinkafa. “Da na bari, sai da na nemi tawa.”

Lokacin ban ɗauki maganar da nauyi ba. Daɗi kawai nake ji ina da irin wannan a dangi.

Da Baffa ya yi niyyar Hajji da ita, sai ya ce in biyo su. Hausarta ta cefane ce, kuma a can maza daban mata daban, tana bukatar mai Turanci kusa da ita. Ni kuwa na gama sakandare ina zaune. Haka na sami kujerar da ’yan’uwana suka yi ta yi mini baƙin ciki a kanta.

Kwana uku muka yi a sansanin alhazai na Kano, ana allura, ana kiran suna, ana cewa gobe. Jirgin mai farfela ne, ƙararsa ta zauna mini a kunne har Jidda. Wani tsoho ya fito da butarsa zai yi alwala a tsakiyar hanya, ma’aikaciyar jirgi ta riƙe butar, shi ma ya riƙe, ba mai jin yaren wani. Muka sauka Hartum aka sha mai. A nan ne Hajiya Tabawa, wata mai sayar da goro daga cikin birni da aka haɗa mu rukuni ɗaya, ta zungure ni.

“Ke ’yar boko, wannan Baturiyar taku me take yi a garinsu kafin ta ga haske?”

Da na ce matar aure ce na yi shiru, da ba ku karanta wannan ba. Amma bakina ya buɗe. Na ce ai duk abin da aka ce ta zama sai ta zama. Na ce tana iya kuka ba tare da an taɓa ta ba. Na ba su labarin leɓen nan da muryar tsohuwa. Mata suka yi ta salati suna leƙen ta, ni kuma kaina na ƙara girma.

A masaukin alhazai na Jidda muka yi kwana biyu a kan tabarmi, zafi kamar a bakin murhu, ruwan ma ɗumi gare shi. Gajiya ta sa mata suka ce Baturiya ta yi musu wasa. Ta ƙi, na roƙe ta. Sai ta tashi ta kwaikwayi mai binciken kaya, yadda yake shinshina daddawa yana ja da baya. Ta kwaikwayi tafiyar Hajiya Tabawa, da gyaran mayafinta, da yadda take tauna goro ta gefe guda. Aka yi dariya har wata ta ƙware. Hajiya Tabawa ta fi kowa dariya.

“Ce mata ta yi kukan mu gani!”

Inna ta sunkuyar da kai. Da ta ɗago, hawaye biyu na gangarowa, masu kyau, ba ko ɗaya da ya kauce hanya. Ta share, ta yi murmushi.

“Tabɗi!” in ji Hajiya Tabawa. “Wannan ko Iblis sai ya yi hankali da ita.”

A hanyar Makka akwai shinge inda ake tsai da motoci, wanda ba Musulmi ba daga nan yake juyawa. Duk muna cikin harami muna labbaika, askar ya leƙo, haka ake kiran ’yan sandansu, idonsa ya faɗa kan Inna, ya ce ta sauko. Baffa ya nuna takardar alƙalin da ta musulunta a gabansa. Suka ce shi miji ne, suna son shaida ta biyu, wadda ke zama da ita cikin mata. Aka miƙo mini alƙalami. Na rubuta sunana da kyau, irin rubutun da ake yaba mini a aji, na dangwala yatsa. Sannan suka ce ta karanta Fatiha. Wallahi ta fi ni fitar da haruffa. Askar ɗin ya ce masha Allah, ya ɗaga mana sanda.

Masaukinmu a Misfala yake, kudu da Harami, gida mai hawa huɗu da tagogin katako masu huji-huji. Muɗawwifi, wato mai kula da rukuninmu, ya karɓe fasfunanmu tun a Jidda. Abubuwa da yawa sun ba ni mamaki. Ruwa a garwa ake hawo da shi, mutum ya rataya biyu a sanda, yana hawa yana ihun a ba shi hanya. Karin kumallo wake ne da aka dama da mai, da gurasa mai faɗin faifai. Shayi a ɗan kofin gilashi kamar na magani. A kasuwa ba ina kwana ba ina gajiya, sai “Yalla, ya hajja!” wato ki yi sauri. Agogonsu ma daban: faɗuwar rana ce ƙarfe goma sha biyu, don haka in ka ga tara a bango, la’asar ce ta yi. Na yi kwana uku ina tsammanin agogon gidan ya lalace.

Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne Hausawa. Kana tafe cikin Larabawa sai ka ji an ce, “Tuwo da miyar kuka, da zafinsa!” ’Yan takari ake ce musu, waɗanda suka zo Hajji suka zauna, yawancinsu ba takarda. Ɗaya daga cikinsu ita ke yi wa gidanmu wanki a kan soro, Iya Kulu, Bagobira, ’yar ƙarama, hannuwanta sun yi fari saboda sabulu. Da ƙafa suka taso ita da mijinta, shekara bakwai a hanya, suna noma suna gaba. A Sudan ta rufe shi. Ta fi shekara ashirin a Makka.

“Iya, ba kya kewar gida?” na tambaye ta.

“Wane gida, ɗiyata? Ga gida nan.” Ta nuna wajen Harami da haɓa. “Ni jira nike. Nan za a rufe ni, halas, shi ke nan.”

Tana da likkafaninta, duk shekara sai ta wanke shi da zamzam ta shanya tare da na alhazai, ta naɗe. In ta ji takalmin askar a layi, sai ta shige wani lungu bayan tankin ruwa har su wuce. Ita ke kiran Inna Jar Hajiya, ba ta taɓa neman ta yi mata wasa ba.

Aikin Hajji kansa ba zan ce komai a kai ba, ya fi bakina. Mun tsaya Arfa, mun yi jifa. A jifan ƙarshe rana ta buge Baffa, ya faɗi, aka kai shi wani asibiti a unguwar Zahir, ko sunansa ba ya iya faɗa. Muka koma Misfala mu biyu, ba namiji. Mata suka shiga sayen tsaraba, kusan kowa ta sayi koren akwatin kwano a shago ɗaya. Soro ya cika da fararen likkafanai da aka tsoma a zamzam, suna kaɗawa a igiya. Hajiya Tabawa ta kwaso nata za ta adana, ta buɗe akwatin Inna a zaton nata ne. Da ta ga kayan ba nata ba, maimakon ta rufe, sai ta tona.

Nan na shigo da kwanon tuwo.

“Zo nan, ’yar boko. Wace ce wannan?”

Hoto ne. Inna ce, da sauran ƙuruciyarta, cikin baƙaƙen kaya da farin ɗankwali irin na sistocin mishan. Tana durƙushe, ta rungume ƙaton gicciye a ƙirji, ido a sama, baki a buɗe. A gefe can akwai wata yarinya cikin irin kayan.

“Wasa ne, Hajiya. Kayan wasa ne, na fim.”

“Wasa. Da gicciye ake wasa?”

“Wallahi tun kafin ta musulunta ne.”

“Kina wurin? Ba ke kika ce mana duk abin da aka ce ta zama sai ta zama ba? To an ce ta zama Hajiya, ta zama. Mun kwana da ita, mun ci da ita, mun shiga Ɗakin Allah da ita. Wa ya san abin da ya rage na Hajjinmu?”

Ba mugunta ce a muryarta ba, ku gane. Tsoro ne. Goron shekara nawa ta sayar kafin ta zo.

Ana haka Inna ta sauko daga soro. Ban san farin mutum na iya ƙara fari ba sai ranar. Ta yi tsalle kan hoton tana cewa, “Ba ni! Nawa! Nawa ne!” Wannan ya gama ɓata komai, don mai wasa da abu ba ya yin kokawa a kansa haka. Mata suka sa ihu. Matakala ta cika da mutanen wasu ƙasashe, na ji kalma ɗaya tana gangarawa daga hawa zuwa hawa har titi: Nasraniya, wato Kirista. Mai gidan ya turo mu cikin wani ɗaki ya kulle ta waje. A lokacin na tsine masa a zuciya. Yanzu na san shi ya cece mu. Da askar suka zo suka fitar da mu, layin ya cika maƙil. Wani abu ya same ni a kafaɗa, ban ga ko dutse ne ba. Tabon na nan.

Kwana biyu muka yi tsare a wurin askar, a wani ɗaki mai taga ɗaya can sama, tare da mata da aka kamo kan laifuka iri-iri. Akwai masu jin Hausa. Da suka ji ni ce na sa hannu a shinge, sai suka bar Inna suka dawo kaina. Wata ta ce bulala ce. Wata ta ce shekaru ne a kurkuku, kuma ba mai sanin inda kake. Wata ta ja yatsa a wuyanta. Har yau ban san wacce ta faɗi gaskiya ba, ƙila ba ko ɗaya. Amma ina da shekara goma sha tara, Baffa ba ya cikin hayyacinsa, fasfona na hannun wani, ba wanda ya san inda nake.

Inna ta matso ta yi mini bayani da Turanci. Yarinyar da ke gefen hoton ƙanwarta ce. Ita ta samo mata ɗan aikin a fim ɗin, shekara na zagayowa ciwon huhu ya kashe ta. Gidansu ya ƙone a yaƙi da duk hotunansu, wannan kaɗai ke da fuskarta.

“Duk inda na je da shi nake zuwa. Na so in yanke nawa ɓangaren, na ji tsoro almakashi ya taɓa ta.”

Hawaye na zubo mata. Ni kuwa, Allah ya yafe mini, hawayen nake kallo, ina tuna na Jidda. Da ta tashi salla na bi leɓenta da ido. Suna motsi daidai da daidai. Na ce a raina: muryar wa ke fita?

Rana ta uku da hantsi aka kai mu gaban wani dattijo mai farin gemu, yana zaune a kan darduma da ɗan teburi, agogo a bango bisa kansa. Tafintansa wani Bahaushe ne haifaffen can, Bakur, ya ce gidansu na unguwar Shisha, kakansa Bazazzagi ne. Hausarsa rabi Larabci ce. Inna ta faɗa da Turanci, in mayar Hausa, shi ya mayar Larabci, amsa ta biyo ta wannan hanyar.

Aka ce ta yi karatu, ta yi, ba tuntuɓe. Sai aka shigo da Hajiya Tabawa. Ba ta ƙara ko kalma ɗaya a kan abin da ya faru ba. Ta faɗi labarin leɓe, ta faɗi na kuka, ta faɗi yadda aka kwaikwayi tafiyarta. Dattijon ya dube ni.

“Shehu ya ce,” in ji Bakur, “sahih ne, ke kika faɗi haka da bakinki?”

“Ni ce.”

“Ya ce to karatunta ba hujja ba ne ke nan, tunda sana’arta ce. Saura ke. Ke kike zama da ita. Za ki rantse da Allah Musulma ce?”

Ku da kuka san ni a aji, kun san ba a taɓa yi mini tambaya na rasa amsa ba. Na buɗe baki. Ɗakin Allah yana nan kusa, ana jin kiran sallarsa daga inda muke. Na ji in na rantse a kan abin da nake shakka, ƙasa za ta tsage.

“Ban san zuciyarta ba,” na ce.

Ban mayar wannan Turanci ba, ba a kuma bukata. Hausar cefane ta isa. Inna ta juyo ta dube ni, ba fushi, ta ce da Hausarta mai karkacewa, “Gaskiya ne, Zulai. Ba ki sani ba.”

Bakur ya yi ƙasa da murya. “Ya binti, ’yata, kin san abin da kika yi? In ba ki sani ba, don me kika sa hannu a shinge? Yanzu ke ma mas’ala ce.”

Aka tashi sallar azahar, aka bar mu a kan benci. Har yau ɗin nan Inna ba ta taɓa tayar mini da maganar ba. In na je gidan takan zuba mini shayi da kanta, ni kuwa sai in bar shi ya huce a gabana.

Bayan salla muka ji hayaniya a ƙofa, wata ’yar murya tana cewa, “Sakar ni, yaro, ni na kawo kaina.” Iya Kulu ce, da rigar wankinta, hannu duk sabulu ya bushe. Matar da ke shigewa bayan tanki in ta ji takalmin askar, ga ta tsakiyarsu.

Ta durƙusa ta gai da dattijon da Larabci, sannan ta ce wa Bakur, “Da Hausa zan hwaɗi, ɗana, kada in yi kuskure. Kai ka juya.”

Ta ce kwana biyu kafin a kama mu, da hantsi, Jar Hajiya ta hau soro ita kaɗai. Ta leƙa ko’ina ba ta ga kowa ba. Ta shiga tsakanin likkafanai inda ba a hango ta ko daga tagar maƙwabta, ta ta da nafila.

“Gaban mutane ba ta kuskure, na sha ji. To ita kaɗai kuskure takai. Ta kai tahiya ta kakare. Ta bugi cinyarta, ta sake daga farko. Ta kuma kakarewa. Sau ukku. Muryar ma ba wadda kuka sani ba ce, wata ce kamar ƙofar kwano. Da ta sallame ta kifa kai tana magana da yarensu, tana kuka. Kukan Jidda ban gani ba, an ce mai kyau ne. Wanda ni na gani mummuna ne, da majina, har da shessheƙa irin ta jaki. Ka tambayi Shehu, wa take yi wa wasa? Likkafani?”

Bakur ya juya. Dattijon ya daɗe yana shafa gemu, sannan ya yi tambaya ɗaya. Na ga fuskar Bakur ta canza.

“Ya ce in ta leƙa ko’ina ba ta ga kowa ba, ke kina ina?”

“Bayan tanki.”

“Ya ce me kike yi bayan tanki?” Sai ya ƙara da tasa, a hankali, da Hausa zalla: “Iya, ki ce hutawa kike yi.”

“Hutu bayan tanki cikin rana? Wa zai yarda? In na yi ƙarya nan, sauran maganata ta zama mi?” Ta gyara zama. “Ka ce mishi askar na cikin layi ranar, ni kuwa ba ni da iƙama. Ba ni da takarda ko ɗaya. Shekara ashirin da wani abu.”

Bakur bai juya nan take ba. Sai da dattijon ya ɗaga masa gira.

Abin da ya biyo baya da Larabci aka yi shi, ba wanda ya juya mana. Aka yi rubutu. Aka fita da Iya Kulu ta wata ƙofa. Dattijon ya ɗauki hoton ya daɗe yana kallo, ya sa aka kawo almakashi. Da kansa ya yanke, a hankali, yana bin gefen kafaɗar yarinyar. Ya miƙa wa Inna ɗan siririn ɓangaren, babban ya kifa shi a ƙarƙashin tawada.

Da aka fito da mu tsakar gidan, na hango Iya Kulu a benci ta bayan wani shingen ƙarfe, cikin mutanen da aka tara za a kai Jidda a sa a jirgi. Na ruga na riƙe ƙarfen, ina ta cewa, “Iya, Iya.”

“Kukan mi kike, ɗiyata? Da ƙafa na zo, a jirgi zan koma, ai na ci riba.” Ta yi dariya, dariyar ba ta kai ido ba. Ta dubi wajen Harami, ta daɗe. “Ban san kowa ba can yanzu. Ko wa zai wanke ni.” Sannan ta jawo mayafina. “Ji nan. Likkafanina na kan igiya, na ukku daga tanki, mai ɗinki a gefe. Ki kwashe kada rana ta cinye shi. In an bari ki kawo mini. In ba a bari ba, ki ba Jar Hajiya.”

Inna tana bayana, ta ji. Ta durƙusa a ƙasa nan cikin ƙura, ta kama yatsun tsohuwar ta tsakanin ƙarafa, fuskarta ta yamutse, hancinta na zuba. Ban taɓa ganin ta da muni haka ba.

Bakur ya taɓa ƙofa da ’yan makullai. “Ya binti. Halas. Shehu ya ce ba komai a kanki, ba komai a kanta. Za a raka ku masauki. Kin tsira.”

Ta ƙofar da ya bari a buɗe na hango agogon bango. Ƙarfe tara daidai. Aka kira la’asar, muka fita mu biyu, Iya Kulu kuma ta tashi tana neman inda za ta yi taimama.